Inda Filin Nungesser Yake a Da

Tashar tana nan da sunanta. Na sauka daga taram, jirgin nan na cikin gari, na ga allon da aka rubuta Nungesser, sai ƙafata ta kama hanyar da ta sani ba tare da na umarce ta ba. Na sha kwanar da muka saba sha, na ɗaga kai ina neman dogayen turakun fitilu, ban ga ko ɗaya ba. A wurin da filin ƙwallon Valenciennes yake a da, yanzu gidan ninkaya ne. Yara na fitowa da jiƙaƙƙen gashi, iyaye mata na ɗaura masu mayafin sanyi, warin maganin da ake zuba wa ruwa yana biyo su ta ƙofa. Labarin rushe filin ya daɗe da iso mini, na kuma ga hoton sabon da aka buɗe a 2011 can gefe kaɗan, Stade du Hainaut, mai cin mutum kusan 25,000, jikinsa na ƙyalli kamar sabon kwano. Amma gani ya kori ji. Na daɗe tsaye a gefen titi ina auna wurin da ido, ina cewa nan ne raga take, nan ne mai soya dankali yake kafa motarsa, nan kuma rumfar ƙarfe.

A kakar 2004 na fara zuwa garin nan daga Damagaram don karatu. Arewacin Faransa ne, dab da iyakar Beljiyam, ƙasar gidajen jan bulo da tsaunukan baƙar ƙasa da aka tono daga ramukan kwal. Ramin kwal na ƙarshe a yankin an rufe shi tun 1990, manyan masana'antun ƙarfe ma sun riga shi mutuwa, abin da mutane ke kafa zuciya a kansa lokacin shi ne kamfanin Toyota da aka buɗe a Onnaing a 2001. Sanyin wurin ba irin hunturunmu ba ne mai bushe leɓe, sanyi ne mai danshi da ke ratsa takalmi ya zauna a ƙashi. Maƙwabcina wani dattijo ne da ya yi ritaya daga aikin ƙarfe, yatsunsa sun kauri har ba ya iya ɓalle maɓallin riga da sauri. Ni Baba nake ce masa, shi kuma yaro yake ce mini har na bar garin. Shi ya lura ba ni da inda nake zuwa in an tashi daga makaranta, wata rana da yamma ya ƙwanƙwasa mini ƙofa, ya miƙo mini jan mayafi mai ratsin fari, ya ce in taso mu je kallon ƙwallo.

Lokacin ƙungiyar Valenciennes tana National, wato rukuni na uku. Mu da muka tashi muna jin ƙwallon Faransa a rediyo, Marseille da Paris da Monaco muka sani, ba mu san cewa ƙarƙashin Ligue 1 da Ligue 2 akwai wata duniya mai faɗi ba. Akwai National, ƙarƙashinta akwai rukunan da a wancan lokaci ake kira CFA, waɗanda aka sauya wa suna a 2017, daga nan sai gasannin yankuna har zuwa ƙauyen da filinsa ke bayan coci. Mutane da yawa da suke ci da ƙwallo a Faransa a can ƙasan suke, kuma mafi yawansu za su gama wasa ba wanda ya taɓa jin sunansu a garin da ke gaba da nasu.

Abin da na fi tunawa da Nungesser shi ne ƙara. Akwai rumfar da aka yi da ƙarfe, in mutane suka haɗa ƙafa suna dukan daɓenta sai ka ji girgizar ta hawo maka har haƙora. Sai ƙamshin dankalin da ake soyawa da kitse, ana zuba shi a takardar da aka naɗe kamar ta gyaɗa, yana ƙona tafin hannu, kai kuwa kana godiya da ƙunar saboda sanyi. Hayaƙin taba yana tashi ya tsaya a hasken fitilu. Fili ya yi kusa da mu har muna jin numfashin 'yan wasa, muna jin takalmi yana tsage ciyawa, muna jin abin da mai tsaron baya yake faɗa wa alƙalin wasa. Baba ba ya ihu. Yakan tsaya hannu a aljihu, in ɗan wasa ya yi abin kirki ya gyaɗa kai sau ɗaya, in ya ƙi gudu ya juyar da fuska gefe. Ma'auninsa guda ne, a jiƙe riga da gumi. Wanda ya jiƙe riga an yafe masa ɓarar da ƙwallo, wanda bai jiƙe ba ko ya ci biyu yana da sauran bayani.

A wannan kakar ce wani ɗan wasan gaba ya zo, gajere, mai faɗin ƙirji, mai gudu kamar ana binsa bashi. Sunansa Steve Savidan. Shekarunsa 26, shekarun da a ƙwallo an riga an yanke wa mutum hukunci. An haife shi a Angers a 1978, bai fito daga cikin manyan makarantun horar da yara da Faransa ke alfahari da su ba. Ya fara a ƙungiyar garinsu, ya tafi Châteauroux a 1999, shekara ta zagayo ya haye teku zuwa Ajaccio a tsibirin Kosika, ya dawo Angers, ya wuce Beauvais, daga nan Angoulême a 2003. Ƙaura biyar a kaka shida, Valenciennes ce ta shida. A waɗannan shekarun na ƙasa ya taɓa aikin kwasar shara, ya taɓa aiki a mashaya yana miƙa wa mutane abin sha. Daga baya 'yan jarida suka ƙanƙame wannan labarin, duk inda aka ambaci sunansa sai an ambaci motar shara. Mutanen rumfar ƙarfe ba su ga abin mamaki a ciki ba, don a wurinsu mutum ya tashi da asuba ya yi aiki shi ne daidai.

Wannan jerin garuruwa, in an karanta shi a takarda, layi ɗaya ne. A rayuwa kuwa kowane suna a cikinsa ɗaurin kaya ne. Kwantiragin ƙwallo a Faransa yana ƙarewa ne ranar 30 ga Yuni, kuma a ƙananan rukunai yawanci na shekara ɗaya ne ko biyu. Tun daga Afrilu ɗan wasa zai fara duban fuskar mai horarwa, ya ga ko har yanzu ana gaishe shi da fara'a. In an ce masa an gode, sai jiran waya. Na san wani mai tsaron baya a lokacin, yaron kirki, iyayensa 'yan Afirka ta Yamma ne, muna haɗuwa a masallaci ranar Juma'a. Na taya shi loda kaya a motar haya wata safiya: katifa biyu, talabijin, keken yaro, tukwane a cikin kwali, da jakar takalman ƙwallo da bai yarda kowa ya ɗauka ba sai shi. Matarsa ta ajiye aikin da ta samu da ƙyar, 'yarsu za ta shiga makaranta ta uku a shekara huɗu. Ya nuna mini wani kwali da ba a buɗe ba tun ƙaurar da ta gabata, ya ce babu amfanin buɗewa. Garin da za shi ya fi kilomita 700, albashin bai kai na da ba, amma sun yi masa alkawarin gida, kuma za su sa shi wasa.

Da na ga motar ta ɗaga, kakana na tuna. Shi ma in an gama girbi yakan ɗaura 'yan tsummokaransa ya nufi kudu ci-rani, wata shekara Kano, wata shekara Zariya, duk inda aka ce akwai aiki. Ba wanda ya ɗauke shi a matsayin wanda ya kasa, sana'ar ce haka. Haka 'yan damben gargajiya suke bin garuruwa bayan kaka, yau nan gobe can, a yi masu kiɗa, su daki wani ko a dake su, su karɓi abin da aka samu su yi gaba. Bambancin da na gani shi ne kakana yana da gona da yake komawa in hadari ya haɗu. Ɗan ci-ranin ƙwallo ba shi da damina. Ƙafarsa ce gonarsa, kuma tana tsufa da sauri, gwiwa ɗaya in ta goce shi ke nan. Hausawa na cewa baƙo raɓa ne, shi kuwa wannan baƙuncin ne aikinsa na shekara goma ko goma sha biyar.

Savidan dai ya sami inda raɓarsa ta zauna. Mai horarwa a lokacin Daniel Leclercq ne, ɗan yankin, wanda ya ci wa Lens gasar Faransa a 1998, mutum mai farin gashi da ƙarancin magana. A 2005 Valenciennes ta zama zakaran National, Savidan ne ya fi kowa cin ƙwallo a rukunin. Antoine Kombouaré ya karɓi ƙungiyar, a 2006 suka sake zama zakarun Ligue 2, suka hau sama. Mutumin da shekara uku kafin nan ba a san inda zai kwana a ƙwallo ba, ya buga wasansa na farko a Ligue 1 yana da shekara 28. Mutanen gari suka raɗa masa Savigol. A watan Fabrairun 2007 aka je Nantes, mai tsaron ragarsu Fabien Barthez ne, wanda ya ɗaga Kofin Duniya a 1998, Savidan ya zura masa huɗu shi kaɗai, aka tashi 5 da 2. A ɗakin Baba muka saurari wasan a rediyo. Da ta huɗun ta shiga, dattijon da ban taɓa jin ya ɗaga murya ba ya miƙe tsaye, ya buɗe taga duk da sanyin, ya tsaya yana kallon titi, sai ga maƙwabta su ma sun buɗe nasu. A kakar nan Savidan ya ci 13, Pauleta na Paris ne kaɗai ya fi shi.

A 2008 ya koma Caen, Baba ya yi kwana biyu ba ya son zancen ƙwallo. A watan Nuwamban shekarar mai horarwa Raymond Domenech ya kira shi ƙungiyar ƙasa, ranar 19 ga wata ya shigo bayan hutun rabin lokaci a wasan sada zumunta da Yurugwai a Stade de France. Shekarunsa 30. An tashi babu ci, amma ya yi wasan kamar wanda ya san ba za a sake ba shi wannan damar ba, har yana tashi sama ya juya baya ya doki ƙwallo ta saman kansa. Wannan ne wasansa na farko kuma na ƙarshe da rigar Faransa. Da bazarar 2009 Monaco ta neme shi, kwantiragi mafi tsoka a rayuwarsa, aka kai shi gwajin lafiya, likitoci suka gano matsala a zuciyarsa. Nan take ya ajiye takalmi yana da shekara 31.

Ranar da labarin ya fito na ji haushi ƙwarai, na ce wace irin ƙaddara ce mutum ya sha wahalar hawa, yana isa a ce ya sauka. Daga baya na tuna Marc-Vivien Foé na Kamaru, wanda ya yanke jiki ya faɗi a tsakiyar fili a Lyon ranar 26 ga Yunin 2003, bai sake tashi ba, kuma zuciya ce. Na'urar da ta kashe wa Savidan kasuwa ita ce ta mayar da shi gida wurin iyalinsa da ƙafarsa. Ya rayu, ya yi sharhin wasanni a talabijin, ya kama wasu harkoki. Duk lokacin da na ji kaina ina kukan ƙwallon da, ina cewa likitoci da na'urori da masu lissafi sun cika fili, sai in tuna wannan gwajin, in kuma tambayi kaina mutum nawa ne a ƙananan rukunai suka yi ta gudu shekara da shekaru da irin wannan zuciyar ba wanda ya duba su da kyau.

Baba kansa yana da nasa kukan. Yakan ce a zamaninsu ɗan wasa yakan zauna ƙungiya ɗaya har ya tsufa, ka san gidansu, ka san matarsa, ka haɗu da shi wurin sayen burodi. Gaskiya ya faɗa, sai dai daga baya na gano abin da ke ƙarƙashin wannan zaman. Kafin 1969, ɗan wasan da ya sa hannu da ƙungiya a Faransa ya zama nata har ya kai shekara 35, ita ke da ikon sayar da shi ko riƙe shi, shi ba ta cewarsa. Raymond Kopa, wanda ya fara da aikin ramin kwal a wannan yanki na arewa kafin ya tafi Angers, ya kai Real Madrid, ya fito fili a 1963 ya kamanta halin 'yan wasa da bauta, aka hukunta shi a kan haka. Ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasa, UNFP, an kafa ta a 1961, kuma cikin waɗanda suka kafa ta akwai Eugène N'Jo Léa ɗan Kamaru tare da Just Fontaine. Su suka yi gwagwarmaya har aka samu kwantiragi mai wa'adi. Hukuncin Bosman na 1995 ya ƙara buɗe ƙofa a faɗin Turai. Ashe yawon da na tausaya wa abokina a kansa, kwali a mota, yarinya a sabuwar makaranta, 'yanci ne da magabatansa suka yi yaƙi suka ƙwato. Igiyar da aka kwance daga ƙafar ɗan wasa ita ce kuma ta sauke wa ƙungiya nauyin riƙe shi. Kowace bazara UNFP tana tara 'yan wasan da ba su da ƙungiya, ta ba su masauki da mai horarwa, su riƙa buga wasannin gwaji ko wani zai gani ya ɗauka.

Tsohon filin ma ba aljanna ba ne. A kansa aka buga wasan nan na 20 ga Mayun 1993 da Marseille, wanda aka ba wasu 'yan wasan Valenciennes kuɗi don su sassauta. Mai tsaron baya Jacques Glassmann ya ƙi karɓa, ya tona asiri. An ƙwace wa Marseille kambun shekarar, amma shi mai gaskiyar sai da ya sha ihun tsana a filaye da dama, ya ƙare wasansa a ƙananan ƙungiyoyi, har tsibirin Réunion ya je. FIFA ta ba shi lambar yabo a 1995, bayan an gama ɓata masa sana'a. Valenciennes kuwa ta yi ta gangarawa har ta rasa matsayinta na ƙungiyar ƙwararru a 1996. Baba ba ya son a ɗauko zancen. Ni ma ina da abin da ba na son tunawa. Wata rana na bi magoya baya zuwa wani gari, ba zan kama sunansa ba, wasu 'yan tsiraru a bayan raga suka riƙa kukan biri duk lokacin da baƙin ɗan wasa ya taɓa ƙwallo, ba wanda ya fitar da su, alƙalin wasa bai tsayar da komai ba. Baba ya matso ya tsaya kafaɗa da kafaɗa da ni har aka tashi, bai ce uffan ba, a mota ma bai ce ba. Yau irin wannan bai ƙare ba, amma akwai kyamara, akwai doka, ana rufe rumfa, ana kai mutum kotu.

Saboda haka ba zan ce da ta fi yanzu a dunƙule ba. Sabon filin yana da rufi, yana da wurin masu keken guragu, mace za ta zo da 'ya'yanta ba fargaba. A cikinsa aka buga wasu wasannin Kofin Duniya na mata a 2019, har da wanda Ingila ta fitar da Kamaru. Yaron da ke wasa a rukuni na huɗu yau, ana ɗaukar wasansa a bidiyo, wani mai farautar 'yan wasa a Beljiyam ko Jamus zai iya zama a ofis ya kalli duk ƙwallon da ya taɓa a kaka guda. A zamanin Savidan sai dai wani ya tuƙa mota cikin ruwan sama ya zo ya gan ka, in ranar ba ka da sa'a shi ke nan. Tsanin kuma bai karye ba. Franck Ribéry yana Brest a National a kakar da Savidan yake Angoulême, bayan ya baro Alès inda albashi ya gagara, shekara biyu bayan nan ya buga wasan ƙarshe na Kofin Duniya. Adil Rami ma'aikacin hukumar gari ne a Fréjus kafin Lille ta ɗauke shi a 2006. Bayansu N'Golo Kanté ya bi ta Boulogne da Caen. Édouard Mendy, haifaffen Faransa mai tsare wa Senegal raga, ya yi zaman rashin aiki bayan ya bar Cherbourg a 2014, a 2021 ya ɗaga kofin zakarun Turai da Chelsea. Jonathan Clauss ya zaga Raon-l'Étape da Avranches da Quevilly da Bielefeld ta Jamus, ya sa rigar Faransa a 2022 yana da shekara 29. Sannu ba ta hana zuwa, har yanzu.

Sai dai ina tsoron irin wannan lissafi, don sunayen waɗanda suka haye kaɗai yake ɗauke da su. Abokina mai kwali bai haye ba. Ya yi ƙungiya takwas, gwiwa ta tsayar da shi, labarin ƙarshe da na samu yana tuƙa motar raba kaya, yana horar da yara ranar Laraba. Irinsa su ne dubbai, kuma su ne ƙwallon Faransa na haƙiƙa, Savidan tsautsayin alheri ne da ya faɗo a cikinsu.

Abin da ya fi damuna a sauyin nan shi ne matattakalar kanta, wato ƙungiyoyin garuruwa. Ɗan ci-rani yana buƙatar garin da zai sauka. Calais, 'yan rukuni na huɗu da suka kai wasan ƙarshe na Kofin Faransa a 2000, Nantes ta ci su 2 da 1, kyaftin ɗin Nantes ya kira nasu kyaftin suka ɗaga kofin tare, wannan ƙungiyar an rushe ta a 2017 saboda bashi. Sochaux, wadda kamfanin Peugeot ya kafa a 1928 don ma'aikatansa, an sayar da ita ga wani kamfanin Sin a 2015, a 2023 ta kusa mutuwa sai da mutanen gari da magoya baya suka yi karo-karo. Sedan ta faɗa gasar yanki a shekarar. Bordeaux mai kambu shida ta wayi gari a rukuni na huɗu a 2024. Akwai hukumar da ke binciken asusun ƙungiyoyi, DNCG, kowace bazara tana sauke waɗanda lissafinsu bai daidaita ba, kuma aikinta ya ƙaru tun da kamfanin Mediapro ya yi alkawarin sama da yuro miliyan 800 a shekara don nuna wasanni, ya kasa biya cikin 'yan watanni a 2020. Kuɗin talabijin in ya ƙafe a sama, na ƙasa ne suke fara jin ƙishirwa. Duk ƙungiyar da ta rushe, mutum ashirin da wani abu ne za su loda katifa a mota a watan Yuli, ga mai wankin riguna da mai yankan ciyawa da ba su da inda za su.

Valenciennes ita ma ta yi kaka takwas a sama, ta faɗo a 2014. A 2023 kamfanin Sport Republic, mai Southampton ta Ingila, ya saye ta. Ba na zargin kowa da mugun nufi, kuɗin waje ya ceci ƙungiyoyi da dama da da sun mutu. Amma tsarin da ake yayi yanzu, kamfani ɗaya ya mallaki ƙungiyoyi a ƙasashe daban-daban, yana da nasa hankali: a sayi yaro ɗan shekara 18 ko 19, a goge shi, a sayar ko a tura shi ga babbar 'yar'uwa. A wannan lissafi mutum ɗan shekara 26 da ya yi ƙungiya biyar ba kaya ba ne mai riba, ko da zai ci ƙwallo 19, don ba a sayar da shi da tsada gobe. Leclercq da ya ɗauki Savidan ba sayarwa yake tunani ba, so yake ya ci wasan ranar Asabar ya fitar da garinsu daga rami. Manya na cewa da tsohuwar zuma ake magani, kasuwar yanzu kuwa ɗanyen kaya take so. A 2024 ƙungiyar ta kai wasan kusa da na ƙarshe a Kofin Faransa, Lyon ta fitar da ita, a kakar kuma ta ƙare ta ƙarshe a Ligue 2, ta koma National, daidai inda na same ta shekara ashirin kafin nan.

Baba ya rasu tun kafin wannan dawowar tawa. 'Yarsa ta gaya mini ya je sabon filin sau biyu ko uku, ya ce yana da kyau, ya ce kujerun suna da daɗin zama, daga nan ya koma sauraron rediyo a kicin. Ta ɗauko mini jan mayafinsa, ta ce in riƙe.

Daren Juma'a na ɗaura shi na shiga Stade du Hainaut. Tikitin a waya yake, na'ura ta karanta ta buɗe mini ƙofa. Dankalin yana nan, a ɗan kwali yanzu, ɗanɗanon bai sauya sosai ba. Kujeru da yawa babu kowa, amma matasan bayan raga suna ta kiɗa da waƙa tun kafin a fara. Kusa da ni wani yaro ne da bai wuce shekara goma sha biyu ba, tare da kakansa. Bayan hutun rabin lokaci baƙi suka tayar da wani ɗan wasan gaba ya fara motsa jiki a gefen fili, mutum mai sanƙo, gwiwarsa ta hagu naɗe da bandeji. Yaron ya duba lambar rigarsa, ya latsa waya, ya shiga karanta wa kakansa garuruwan da mutumin ya yi wasa, yana lanƙwasa yatsu, hannu ɗaya ya cika ya koma ɗayan. Kakan ya ce ya ajiye wayar ya kalli yadda mutumin yake gudu. Da aka ɗaga allon canji ya shigo, na sami kaina ina dukan daɓe da ƙafa, siminti ne, bai amsa ba. Ƙwallon farko da aka jefo masa ta yi tsawo, kowa ya ga za ta fita, shi kuwa ya bi ta har layi, ya zame a kan jiƙaƙƙiyar ciyawa ya taro ta.